Girkin Talotalo da 'Ya'yan Itace Domin Ƙaramin Gida Ranar Biki

Hausawa suna cewa Salla ta wuce ta bar wawa da bashi. Wannan magana har yanzu ba ta tsufa ba. Kowace shekara, idan Ƙaramar Salla ko Kirsimeti ta ƙarato, akan sami magidanta waɗanda suke cin bashi domin su sayi naman da ya fi ƙarfin aljihunsu, ya kuma fi ƙarfin cikin iyalinsu. Abin da ya ragu ya kwana cikin zafi, gari ya waye ya lalace a zubar, ko kuwa a ci shi haka nan yara su kwana suna zawo. Watau asara biyu ke nan, ta dukiya da ta lafiya.

An shirya wannan ɗan littafi domin mutanen Mubi da kewayenta, musamman ƙananan gidaje masu mutum 4 zuwa 6. Manufarsa ita ce a nuna yadda giram 600 na tsokar ƙirjin talotalo, watau rabin kilo da ɗoriya, zai wadatar da irin wannan gida ranar biki, idan aka yanka tsokar falle-falle, aka naɗe dabino da mangwaro a ciki, aka dafa ta yadda ya kamata. Ba a bukatar tanda irin ta masu burodi. Kwanon suya mai murfi da kurfoti ko risho sun isa.

Dalilin wannan girki

Mubi tana arewacin Jihar Adamawa, kusa da duwatsun Mandara da iyakar Kamaru, Kogin Yedzaram kuwa ya ratsa ta. Gari ne na kasuwanci wanda kasuwar shanunsa ta yi suna a ƙasar nan. Gude da Fali da Fulani da Margi da Hausawa da sauran kabilu suna zaune cikinsa tare, Musulmi da Kirista. Har ila yau gari ne na ilmi. Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya ta dawo Mubi daga Yola a 1982, aka kuma kafa Jami'ar Jihar Adamawa a 2002. Saboda haka akwai malamai da ma'aikata da 'yan kasuwa da yawa waɗanda suke zaune da matansu da 'ya'yansu kaɗai, nesa da babban gida. Irin wannan gida ba shi da bakin da zai cinye rago ko talotalo guda a yini ɗaya.

Bugu da ƙari, gasa talotalo sukutum aiki ne na sa'a 3 ko fiye, yana cin itace ko gawayi mai yawa, kuma sau da yawa bayansa yakan ƙone alhali cikinsa bai dahu ba. Amma fallen tsoka ba ya wuce rabin sa'a bisa wuta. Daidai ruwa daidai tsaki.

Talotalo da amfaninsa

Talotalo, wanda waɗansu ke kira tolotolo, asalinsa tsuntsun nahiyar Amurka ne. Mutanen ƙasar da yanzu ake kira Meziko su ne suka fara kiwonsa tun da daɗewa. A farkon ƙarni na 16 Turawan Sifen suka kai shi Turai, daga can ya bazu cikin duniya. A Ingila shi ne naman Kirsimeti, a Amurka kuwa naman bikin godiya wanda suke yi ranar Alhamis ta huɗu ta watan Nuwamba. Ko a waɗannan ƙasashe, gidajen da ba su da mutane da yawa sukan sayi fallen ƙirji kawai, su naɗe tuffa ko zabibi a ciki, maimakon su gasa tsuntsu guda.

Tsokar ƙirjin talotalo tana da sinadarin gina jiki mai yawa. A cikin giram 100 na ɗanyar tsoka marar fata akwai kimanin giram 24 na wannan sinadari, kitse kuwa bai kai giram 3 ba. Wannan alheri ne ga masu girma da tsofaffi da waɗanda likita ya hana cin maiƙo. Amma rashin kitsen nan shi ne ke sa tsokar ta bushe ta yi tauri idan ta daɗe bisa wuta. A nan ne 'ya'yan itace suke da aiki. Idan zafi ya ratsa su sai su saki ruwansu cikin naman, su ba shi laushi da ɗan zaƙi da ɗan tsami. Sa'an nan suna ƙara wa naman auki, har falle guda ya cika ido ya kuma ƙosar.

Mai karatu yana iya ganin haɗa nama da zaƙi baƙon abu ne. Amma a Maroko da Aljeriya an daɗe ana dafa naman rago da busassun 'ya'yan itace, musamman cikin watan azumi. A nan gida ma an saba da tsamiya da lemun tsami cikin girki, dabino kuwa ba ya yankewa a kasuwa.

Yadda za a sami naman

Hanya mafi sauƙi ita ce watanda. Kamar yadda maƙwabta ke haɗa kuɗi su sayi sa su raba naman, haka gida 3 ko 4 suna iya haɗa kuɗi su sayi babban talotalo ɗaya. Ƙirjinsa ɓari biyu ne, kuma ɓari ɗaya na babban tsuntsu yana iya ba da abin da wannan girki yake bukata. A raba cinyoyi da fikafikai da ƙashi bisa ga yadda aka yi yarjejeniya tun farko, domin kada biki ya zama sanadin ɓacin rai. Inda Musulmi da Kirista suka haɗu a watanda, ko kuwa ana nufin a kai wa maƙwabci abincin, al'adar da aka saba a wurare da yawa ita ce a ba Musulmi ya yanka, domin kowa ya ci hankali kwance. Talotalo dai ba ya cikin dabbobin layya, saboda haka wannan girki ya fi dacewa da Ƙaramar Salla da Kirsimeti da Ista da sabuwar shekara.

Wajen sayen tsuntsu mai rai, a lura da waɗannan abubuwa:

1. Idanunsa su zama garau, ba kumburi a fuska, ba majina a hanci.
2. Ya zama yana tafiya da kuzari, yana cin abinci, gashinsa a kwance.
3. Kada a ga alamar zawo a gashin bayansa.
4. A taɓa ƙirjinsa. Idan ƙashin ya fito kamar wuƙa, tsokar ba ta da yawa.
5. A tambayi mai kiwo ko ya ba shi magani kwanan nan. Kowane maganin kaji yana da kwanakin da tilas a jira kafin a yanka, an kuwa rubuta su a jikin kwalba ko leda.

Kada a sayi tsuntsu marar lafiya domin araha. A watan Fabrairu na 2006 aka fara tabbatar da murar tsuntsaye a wata gonar kaji a Jihar Kaduna, tun daga lokacin kuwa cutar takan sake ɓulla jefi-jefi. Idan kaji ko talotalo suna mutuwa da yawa farat ɗaya a wata unguwa, kada a yanka kada a ci, a sanar da likitan dabbobi. Cibiyar Binciken Cututtukan Dabbobi ta Ƙasa da ke Vom a Jihar Filato ita ce ke gwada irin wannan cuta.

Akwai kuma maganar daskararren nama. Tun farkon shekarun 2000 Gwamnatin Tarayya ta hana shigo da daskararrun kaji da talotalo daga ƙasashen waje. Hukumar Kula da Ingancin Abinci da Magunguna ta Ƙasa, watau NAFDAC, ta sha jan kunnen jama'a game da wanda ake shigowa da shi ta fasa-ƙwauri. Irin wannan nama yakan yi doguwar tafiya, ya narke a hanya a sake daskarar da shi, ba kuwa wanda zai iya shaidar yadda aka yanka shi ko abin da aka sa masa. Wanda zai sayi daskararre, ya sayi na gonakin ƙasar nan, a wurin da firjinsu yake aiki. Idan ledar ta yage, ko naman yana yauƙi, ko yana wari, a bar shi.

Zaɓen 'ya'yan itace

Kirsimeti kullum cikin hunturu take zuwa, lokacin da lemu yake da yawa. Salla kuwa tana bin shekarar Hijira, wadda ta gaza shekarar Turawa da kimanin kwana 11, saboda haka tana zagaya lokutan shekara. A 2025 an yi Ƙaramar Salla a ƙarshen watan Maris, watau tsakiyar bazara, lokacin da mangwaro ke shigowa kasuwa, kuma lokacin da zafi ya fi tsanani a Mubi. Uwargida ta yi amfani da abin da lokaci ya kawo, domin shi ne ya fi araha ya kuma fi daɗi.

Dabino shi ne ginshiƙin haɗin, domin ana samunsa kowane lokaci. Ana kawo shi daga Jamhuriyar Nijar, ana kuma nomansa a Dutse ta Jihar Jigawa. Lalle a tsaga kowane ɗaya a cire ƙwallon, a duba cikinsa ko akwai ƙwari. Idan busasshe ne ƙwarai, a jiƙa shi cikin ruwan zafi na minti 10.

Mangwaro ya zama wanda ya nuna amma bai yi laushi ba, irin wanda aka yi wa aure, marar zare. Idan babu mangwaro, abarba ko tuffa za su maye gurbinsa. Amma akwai abin lura game da abarba da gwanda. Ɗanyunsu suna da wani sinadari mai narkar da tsoka. Idan aka naɗe ɗanyar abarba cikin nama aka ajiye, naman zai saki ya yi luguf. Zafi yana kashe ƙarfin wannan sinadari, saboda haka tilas a soya abarba kafin ta taɓa nama. Kankana da lemu ba su dace da ciki ba domin ruwansu ya yi yawa. Ruwan lemu na romo ne.

Kayan da ake bukata domin mutum 6

Tsokar ƙirjin talotalo marar fata da ƙashi, giram 600.
Dabino 8.
Mangwaro babba 1, ko abarba yanka 2.
Albasa madaidaiciya 1.
Tafarnuwa ƙwaya 2.
Ɗanyar citta kamar tsawon gaɓar yatsa.
Masoro da kanumfari dakakku, rabin cokalin shayi.
Barkono, gwargwadon yadda iyali suka saba.
Busasshen burodi dakakke, ko dafaffiyar shinkafa, rabin gwangwanin madara.
Man gyaɗa babban cokali 3.
Lemun zaƙi 3, da lemun tsami 1.
Romon ƙashin talotalo, gwangwanin madara 1.
Gishiri.
Tsinken sakace 12, ko farin zare mai tsabta.

A ƙasashen Turai waɗansu sukan zuba giya cikin romon irin wannan girki. Ba a bukatarta. Ruwan lemu da na lemun tsami suna yin aikin.

Yadda ake girkawa

1. A fara da haɗin ciki, tun ba a taɓa nama ba. A yanka albasa ƙanana, a daka tafarnuwa da citta, a yayyanka dabino da mangwaro kamar girman gyaɗa.

2. A zuba man gyaɗa cokali 1 cikin kwanon suya. A soya albasa har ta yi laushi, a zuba rabin tafarnuwa da citta, sa'an nan dabino da mangwaro. A juya na minti 3. A sauke, a zuba dakakken burodi da ɗan gishiri, a gauraya. Aikin burodi shi ne ya tsotse ruwan 'ya'yan itace ya riƙe haɗin wuri ɗaya.

3. A juye haɗin a faranti a bar shi ya huce sarai. Kada a sa haɗi mai ɗumi cikin ɗanyen nama, domin ɗumi shi ne abin da ƙwayoyin cuta ke so.

4. A ɗora tsokar bisa katakon yanka. A dafa ta da tafin hannu, a shigar da wuƙa mai kaifi a kwance, a fitar da falle 6, kowane kimanin giram 100.

5. A sa kowane falle tsakanin leda biyu masu tsabta, a bubbuga shi a hankali da gindin kwalba ko ƙaramar taɓarya, har kaurinsa ya koma kamar rabin santimita. A bi shi daga tsakiya zuwa gefe. Muhimmin abu shi ne kaurin ya zama ɗaya ko'ina, domin kada wani gefe ya ƙone wani bai dahu ba.

6. A shafa wa fallayen gishiri da masoro da kanumfari da barkono da sauran tafarnuwa da citta.

7. A zuba haɗi babban cokali 1 da rabi a gefe ɗaya na kowane falle. A lanƙwaso gefe da gefe, a naɗe kamar tabarma, a soke da tsinke 2. Kada a cika haɗin. Idan ya yi yawa zai fashe cikin kwano, kuma zafi ba zai kai tsakiya da wuri ba.

8. A wanke hannu da sabulu, a wanke wuƙa da katako, kafin a ci gaba.

9. A zuba sauran man cikin kwanon suya bisa matsakaiciyar wuta. A jera naɗin, a fara da gefen da aka soke. A riƙa juyawa har kowane gefe ya yi ja, kimanin minti 8 gaba ɗaya. Wannan suya ta ƙamshi ce da launi kawai. Cikin bai dahu ba tukuna.

10. A zuba ruwan lemu da romo, a rufe kwanon, a rage wuta. Mai amfani da kurfoti ta kwashe waɗansu garwashi. A bar shi yana ɗan tafasa a hankali na minti 15 zuwa 20, a juya sau ɗaya.

11. A gwada ko ya dahu, kamar yadda za a bayyana a ƙasa. Idan ya dahu, a kwashe a faranti mai tsabta, ba wanda ɗanyen nama ya zauna a kai ba. A rufe na minti 5 domin ruwan naman ya zauna.

12. A bar romon bisa wuta a buɗe har ya yi ɗan kauri, a matsa lemun tsami, a ɗanɗana gishiri.

13. A zare tsinkayen, a ƙidaya su. Goma sha biyu aka sa, goma sha biyu za a cire. Tsinken da aka manta cikin nama yana iya soke maƙogwaron yaro.

14. A yanka kowane naɗi gida 4 ko 5, a jera, a zuba romo a kai.

Wannan nama yana tafiya da farar shinkafa ko dafa-duka, da sinasir ko masa, da soyayyen dankali ko doya. Idan aka haɗa shi da ganye kamar zogale ko latas da aka wanke da ruwa mai tsabta, abinci ya cika. Aikin duka bai fi sa'a 1 da 'yan mintoci ba.

Yadda za a san ya dahu

Naman tsuntsu ba kamar tsiren shanu ba ne da waɗansu ke son sa da ɗan ja. Hanjin kaji da talotalo yakan ɗauki ƙwayoyin cuta irin su Salmonela da Kamfilobakta, ko da tsuntsun yana da lafiya a ido, kuma wajen fiɗa sukan hau kan naman. Idan aka naɗe falle, gefen da yake waje da farko shi ne ya koma ciki tare da haɗin. Saboda haka tsakiyar naɗin ita ce wurin haɗari.

Ƙa'ida ita ce zafin tsakiyar naɗin ya kai digiri 74 a ma'aunin salshiyas. Mai ma'aunin zafin abinci ya soka shi har tsakiyar haɗin. Wanda ba shi da shi, ya zaɓi naɗin da ya fi kauri ya raba shi biyu. Tsokar ta zama fara ko'ina ba alamar ja, ruwan da ke fita ya zama garau, haɗin kuma yana fitar da tururi. Idan akwai shakka, a mayar bisa wuta na minti 5. Gara nama ya ɗan bushe da a kwana a asibiti.

Tsabta da ajiya

Hukumar Lafiya ta Duniya ta taƙaita kiyaye abinci cikin abubuwa 5: tsabta, raba ɗanye da dafaffe, dafawa sosai, ajiyewa cikin zafi ko sanyin da ya dace, da amfani da ruwa da kayan abinci masu kyau. Ga yadda suka shafi wannan girki.

A fige tsuntsu a feɗe shi nesa da wurin girki. A wanke shi cikin roba ta musamman, a hankali ba tare da fantsama ba, a zubar da ruwan inda yara ba sa wasa, a wanke robar da sabulu. Wuƙar da ta yanka nama kada ta yanka lemu ko latas sai an wanke ta.

Ƙwayoyin cuta sun fi yaɗuwa tsakanin digiri 5 da digiri 60. Idan sun sami yadda suke so, adadinsu yana iya ninkuwa kowane minti 20. Da wannan lissafi ƙwaya ɗaya tana iya haura miliyan 2 cikin sa'a 7, alhali abincin bai sake launi ko ƙamshi ba. Saboda haka kada dafaffen nama ya wuce sa'a 2 a ajiye ba bisa wuta ba, ba cikin firji ba. Cikin zafin Maris da Afrilu kada ya wuce sa'a 1.

Inda wutar lantarki ba ta da tabbas, kada a dogara ga firji. A yanka tsuntsu da safe, a dafa a ci a ranar. Kada a naɗe nama tun jajibere a ajiye. Abin da za a iya yi tun jajibere shi ne dakan kayan yaji da gyaran dabino. Idan nama daskararre ne, a narkar da shi cikin firji, ko cikin ledarsa a ruwan sanyi ana sake ruwan kowane rabin sa'a. Kada a shanya shi a rana.

Abincin da za a aika wa maƙwabta a rufe shi, a aika da zarar an sauke. Abin da ya ragu, idan an ajiye shi cikin firji mai aiki, a ɗumama shi har ya yi zafi ko'ina kafin a ci, sau ɗaya kawai.

Alamun Salmonela sukan bayyana daga sa'a 6 zuwa kwana 3 bayan cin abinci, na Kamfilobakta kuwa daga kwana 2 zuwa 5. Shi ya sa mutane sukan ɗora laifi bisa abincin da ba shi ne ba. Idan wani ya kamu da zawo ko amai, a ba shi ruwan gishiri da sukari na cikin ƙunshi wanda ake samu a ɗakin magani. Idan babu, a zuba sukari cokalin shayi 6 a shafe da gishiri rabin cokalin shayi cikin lita 1 ta tafasasshen ruwa da ya huce. Idan akwai jini cikin bayan gida, ko zazzaɓi mai zafi, ko kuwa marar lafiyan jariri ne ko tsoho ko mace mai ciki, a kai shi asibiti ba tare da ɓata lokaci ba.

Waɗanda ya kamata su kula

Kimanin kashi 2 cikin 3 na nauyin dabino sukari ne. Idan akwai mai ciwon sukari a gida, a rage dabino zuwa 3 ko 4, a ƙara albasa da ɗan karas, a kuma rage masa romo. Mai hawan jini a rage masa gishiri, domin citta da lemun tsami sun isa su ba nama ɗanɗano. Ƙananan yara a yayyanka musu ƙanana, a kuma tabbata ba ɓarin ƙwallon dabino a ciki.

Gidan da bai sami talotalo ba, ƙirjin kaza manya 3 za su yi wannan aiki, a raba kowane ɓari ya zama falle guda. Ƙa'idar dahuwa ɗaya ce.

Sauran tsuntsun

Babu abin yarwa a jikin talotalo. Ƙashin ƙirji da wuya, idan aka tafasa su da albasa da citta na sa'a 1, su ne ke ba da romon da aka ambata a sama, saboda haka a ɗora su tun da farko. Cinyoyi da fikafikai sun fi ƙirji kitse, suna jure doguwar dahuwa, sun dace da miya ko farfesu. Abin da ba za a ci a ranar ba, a dafa shi da gishiri sa'an nan a soya shi ya soyu ƙwarai, kamar yadda ake yi wa naman layya, amma duk da haka kada a daɗe ba a cinye shi ba.

Abin tunawa

Maigida ya ƙidaya bakunan da za su ci kafin ya tafi kasuwa, ya sayi daidai bukata, ya nemi abokan watanda idan tsuntsu guda ya yi masa yawa. Uwargida ta soya haɗin ya huce kafin ta naɗe, ta duba tsakiyar naɗin kafin ta sauke, ta ƙidaya tsinkaye kafin ta raba. A ci abinci da zafinsa, a aika wa maƙwabta nasu da wuri. Gidan da ya kiyaye waɗannan zai karrama baƙonsa, washegarin biki kuma ya tashi lafiya, ba mai binsa bashi.

Wanda yake da tambaya game da kiwon talotalo ko lafiyarsa, ya tuntuɓi malamin gona ko likitan dabbobi na Ƙaramar Hukumar Mubi ta Arewa ko Mubi ta Kudu. Wanda ya iya karatu kuma ya karanta wa wanda bai iya ba.